Zancen Gida: Kuɗin da ke Fita Asusu Ba Sallama

 A watan nan za mu yi magana a kan wani abu da ke damun gidaje a ƙasar Ikara da Makarfi da Kudan, har yana jawo zargi tsakanin miji da mata, da tsakanin uba da ɗa.

Ga yadda abin yake. Manomi ya sayar da rake ko mazarƙwaila a Makarfi ko Hunkuyi, ko tumatir a Ikara. A zamanin yanzu ɗan kasuwa yakan tura kuɗin ta asusun banki. Maigida ya bar su can domin takin baɗi da kuɗin makarantar yara. Ana nan sai saƙo ya shigo waya, wai an cire, a ce, naira 3,500. Bai je wurin mai POS ba, katinsa kuwa yana aljihu. Wata ya zagayo, a daidai wannan rana, aka sake cire wannan adadi. A shekara ya zama naira 42,000 ke nan. Ku auna wannan da kuɗin buhun taki. Da yayyafi kogi kan cika.

Abin da muke so kowane gida ya gane shi ne, irin kuɗin nan ba su fita da kansu. Akwai izinin da aka bayar wata rana, ko da sani ko ba da sani ba. Muddin ba a janye izinin ba, cirewar ba za ta tsaya ba.

Yadda izinin yake samuwa

A Amurka mutane sun saba da katin bashi, watau banki ya biya, mutum ya mayar daga baya. Mu a nan galibi katinmu na cirar kuɗi ne, Verve ko Mastercard ko Visa, wanda yake manne da asusu. Saboda haka in an cire, guminmu aka cire kai tsaye.

Kamfanonin da ke sayar da kallon fim, da waƙoƙi, da darussa, da wurin ajiyar hotuna ta intanet sukan ce, a gwada kwana bakwai ko wata guda kyauta. Amma kafin a gwada sai an rubuta lambobin da ke jikin kati, da ranar ƙarewarsa, da lambobi ukun nan na baya. Can ƙasa da ƙananan baƙaƙe an rubuta cewa in kwanakin kyauta sun ƙare za a riƙa cire kuɗi kowane wata. Daga ranar nan kamfani ba ya bukatar ya sake tambaya, ba ya kuma bukatar lambar sirri. Hausawa sun ce banza ba ta kai zomo kasuwa.

Sau da yawa ba maigida ne ya yi ba. Yaro ɗan sakandare, ko ɗalibi a Zariya, ya karɓi kati domin biyan kuɗin jarrabawa, sa'an nan ya gwada wani abu da ya ga an ce kyauta ne. Bai yi niyyar sata ba, rashin sani ne.

Akwai kuma wani dalili na kwanan nan. A wajen shekarar 2022 bankuna da yawa sun hana katin naira biyan kuɗi a ƙasashen waje saboda ƙarancin dala. A watan Yuli na 2025 waɗansunsu suka sake buɗe hanyar. Rajistar da aka yi aka manta tana iya farkawa, in katin bai ƙare ba.

Kada kuma wani ya ga kamar ƙauyanci ne ya jawo masa. A watan Satumba na 2025 kamfanin Amazon ya yarda ya biya dala biliyan 2.5 a Amurka, bayan hukumar kula da ciniki ta ƙasar ta zarge shi da sa mutane rajista ba da cikakkiyar yardarsu ba, da kuma tsananta hanyar fita. Masu boko da yawa ne suka faɗa ciki.

A fara bambancewa

Ba kowace cirewa ce ta irin wannan ba. Banki yana da kuɗaɗensa da aka sani. Ƙa'idar Babban Bankin Nijeriya da ta fara aiki a Janairu 2020 ta sa naira 50 kowane wata uku domin kula da katin asusun ajiya. Kuɗin saƙon alat ya tashi daga naira 4 zuwa naira 6 a watan Mayu na 2025. Akwai kuma harajin gwamnati na naira 50 a kan tura kuɗi daga naira 10,000 zuwa sama. Waɗannan daban suke. Wanda muke magana a kai yakan zo da sunan wani kamfani, adadinsa kusan ɗaya, a rana ɗaya ta kowane wata ko mako.

Abin da za a yi

Na fari, kada a share saƙon. A rubuta rana, da adadi, da sunan da ya fito, a cikin littafi. A nemi takardar bayanin asusu ta wata uku ko shida, a ga ran da abin ya soma.

Na biyu, a tara iyali a tambaya da sanyin murya, wa ya taɓa rubuta lambar katin nan a waya? In an fara da tsawa, yaro zai yi musu, a rasa bakin zaren. In an fara da lallashi, sau da yawa cikin minti kaɗan za a gano wayar da aka yi rajista da ita.

Na uku, a soke rajistar a inda aka yi ta. A nan ne mutane da yawa ke kuskure. Goge manhaja daga waya ba ya soke kome, kamar mai haya ne ya bar ɗaki bai mayar da mabuɗi ba, kuɗin haya na ta hawa. In ta Google Play aka yi, sai a shiga asusun Google ɗin da aka yi amfani da shi, a nemi sashen biyan kuɗi da rajista, a soke. A ɗauki hoton shaidar sokewar, a kuma roƙi kamfanin ya mayar da kuɗin, gama waɗansu sukan mayar in an yi hanzari.

Na huɗu, in ba a gano inda aka yi rajistar ba, ko an soke amma cirewa ba ta tsaya ba, ko kuwa ba wanda ya san da ita a gidan sam, sai a rufe katin nan da nan. Bankuna suna da lambar da ake dannawa a waya domin rufe kati ko asusu. Ya kamata kowa ya tambayi ta bankinsa tun wuri, ya rubuta ya ajiye. Sabon kati yana zuwa da sabuwar lamba, wannan yawanci yakan yanke hanyar.

Na biyar, a je banki, ko na kusa ko na Zariya, a shigar da ƙara a rubuce. Kada a tsaya ga maganar baki, a je a dawo. A riƙe kwafin takardar, a kuma karɓi lambar ƙara, gama Babban Banki ya wajabta wa bankuna su bayar da ita. Banki yana da hanyar neman a dawo da kuɗi ta wurin kamfanin kati. Amma hanyar tana da wa'adi, a Visa da Mastercard yawanci kwana 120 ne. Wanda ya ce bari a gama girbi tukuna, yana iya tarar da ƙofa a rufe.

Na shida, in mako biyu ya wuce banki bai warware ba, sai a kai ƙara ga Sashen Kare Haƙƙin Masu Hulɗa da Bankuna na Babban Banki, wanda aka kafa a 2012. Ana iya miƙa takarda ta reshensa na Kaduna ko na Kano. A haɗa da lambar ƙara da kwafin takardun duka. Ba a biyan ko kwabo.

Kuɗin waya ma haka

Ƙanin wannan ciwo yana cikin katin waya. Mutum ya sa kati da dare, da safe ya tarar ya ragu, saboda waƙar kira ko labarin ƙwallo ko wata gasa da bai tuna ya nema ba. Naira 50 a rana, naira 18,250 ce a shekara. Tun 2016 Hukumar Sadarwa ta Ƙasa, NCC, ta ba da lamba 2442. A rubuta STOP a aika can, za a daina turo saƙonnin talla waɗanda ta wurinsu ake shiga tarkon. Abin da aka riga aka shiga kuwa, sai a kira kamfanin layin a ce su faɗi dukan abin da ke kan layin, su cire. In sun ƙi, a kira hukumar a lamba 622, kyauta ne.

Gargaɗi biyu

Na ɗaya, a faɗa wa banki gaskiya. In ɗanka ne ya yi rajista, kada ka ce ɓarayi ne. Banki da kamfani suna da shaidar wayar da aka yi amfani da ita, ƙarya kuwa tana ɓata ƙara mai kyau, tana koya wa yaro abin da ba ka so ya koya. Gara a yi asarar kuɗin wata ɗaya da a zubar da mutunci.

Na biyu, a yi hankali da masu kira su ce daga banki suke, za su mayar da kuɗi in an faɗa musu lambar sirri ko lambar da aka aiko ta saƙo. Banki ba ya tambayar waɗannan. Wanda ya faɗa, ya kori ɓera ya shigo da kura.

Shawararmu ga kowane gida, har da ma'ajin zumuntar mata da na ƙungiyar manoma, ita ce a raba asusu biyu. Babban kuɗi ya zauna a inda ba a rubuta lambar katinsa a waya, ɗan kaɗan kuma a wanda ake biyan kuɗi da shi. Ƙarshen kowane wata, miji da mata su zauna su karanta saƙonnin banki tare. In akwai tsoho a maƙwabta wanda ba ya karatu, a taimake shi a duba nasa.

In kunne ya ji, jiki ya tsira. Sai mun sadu a wata mai zuwa.