Gyara Kayanka Bai Zama Sauke Mu Raba Ba

Akwai wata cuta da ta daɗe tana damunmu, mu ɗaliban harshe, wadda ba mu cika son a ambata ba. Cutar kuwa ita ce ƙin gyara. Ɗalibi zai rubuta abu ya miƙa wa abokinsa ya ce, "Duba mini," amma a zuciyarsa yabo yake jira. Da zarar an nuna masa kuskure ɗaya sai ya haɗa rai, wani ma har gaisuwa ta gagara. Ba don na fi kowa nake faɗar haka ba. Ni ma cutar ta kama ni, kuma abin da ya yi mini magani shi nake so in ba mai karatu labari, sannan in ɗora ra'ayina a kai.

A darasin fassara malaminmu ya raba mu rukuni-rukuni, ya ba kowane rukuni aikin rubuta maƙala irin ta kundin sani, wato insakulofidiya, a kan wani abu da ya faru a wata ƙasa. Sharaɗin shi ne a kwaikwayi tsarin Wikipedia: mutum ɗaya ya yi zubin farko, sauran su bi su gyara, sannan wani wanda bai sa hannu a rubutun ba ya tantance kafin a ce maƙala ta yi kyau. Mu aka ba mu guguwar Katrina wadda ta afka wa Amurka a shekarar 2005. Ni na yi zubin farko. 'Yan rukuninmu suka karanta, suka ce madalla, babu wanda ya taɓa ko waƙafi. Wadda aka ba tantancewa kuwa wata 'yar ajinmu ce, Bayarabiya, wadda a nan jami'a ta fara koyon Hausa. Na miƙa mata ina murmushi, don a ganina me za ta gyara wa wanda ya sha Hausa a nono? Bayan kwana biyu ta dawo mini da takardun, sun yi jajur da jan biro. Ba ta taɓa nahawuna ba. Tambaya ɗaya ce ta yi ta maimaitawa a gefen shafi: "Malam, ina ka samo wannan?"

Kafin in faɗi abin da ta gyara, bari in tuna wa mai karatu abin da ya faru. Katrina ta fara haɗuwa a kusa da tsibiran Bahamas ranar 23 ga Agusta, 2005. Ta ratsa kudancin jihar Florida ranar 25, ta faɗa Mashigin Tekun Meziko inda ɗumin ruwa ya ƙara mata ƙarfi, har ta kai mataki na 5, wanda shi ne ƙololuwa a ma'aunin irin waɗannan guguwoyi. Da safiyar 29 ga wata ta sauka a gaɓar jihar Louisiana, ta kuma ɗaiɗaita gaɓar Mississippi. Birnin New Orleans yana tsakanin kogin Mississippi da tafkin Pontchartrain, kuma wani ɓangare babba nasa yana ƙasa da tsayin teku, ganuwoyi ne kawai ke tare masa ruwa. Ganuwoyin suka fashe a wurare fiye da 50, ruwa ya mamaye kimanin kashi 80 cikin ɗari na birnin.

Gyara na farko ya shafi alƙaluma. Na rubuta cewa mutane dubu goma suka mutu. Ba ƙirƙira na yi ba. A wani tsohon labarin jarida na gani, inda magajin garin New Orleans na lokacin, Ray Nagin, ya yi hasashen adadin zai iya kaiwa haka. Amma hasashe ne na makon farko, lokacin da ruwa bai janye ba. Adadin da Cibiyar Lura da Guguwa ta Amurka ta daɗe tana bayarwa shi ne 1,833. A watan Janairun 2023, bayan sake nazarin musabbabin mace-macen, cibiyar ta mayar da shi 1,392. Ashe shekara goma sha bakwai bayan ruwa ya janye ba a gama ƙidaya ba. Haka nan na rubuta cewa guguwar tana mataki na 4 lokacin da ta sauka a Louisiana, domin haka aka sanar a ranar. Rahoton da cibiyar ta fitar a watan Disambar 2005 ya nuna mataki na 3 ne.

Kada kuma a zaci kullum ƙasa adadi yake yi. Lokacin da guguwar Maria ta afka wa tsibirin Puerto Rico a 2017, gwamnatin tsibirin ta daɗe tana cewa mutum 64 ne suka mutu. A watan Agustan 2018, bayan binciken da Jami'ar George Washington ta gudanar, ta amince da 2,975. Duk wanda ya rubuta maƙala a farkon 2018, ya rufe littafinsa bai sake waiwaya ba, ya bar mamata kusan dubu uku ba a lissafa su ba. Wannan shi ne dalilina na farko na cewa irin wannan rubutu ya fi ƙarfin hannu ɗaya da zama ɗaya.

Gyara na biyu shi ya fi shafarmu, domin a kan kalmomi yake. Ta tambaye ni ma'anar "guguwa". Na ce iska ce mai juyawa wadda ke tashi da rani, ta kwashi ƙura da yayi da ledoji, wani lokaci ta yaye jinka. Sai ta ce, "To, wanda ya san wannan guguwar kaɗai, yaya zai gane cewa ruwa ne ya kashe mutane da yawa a New Orleans?" Na yi shiru. Guguwar da muka sani ba ta wuce faɗin tsakar gida ba, kuma cikin 'yan mintuna take wucewa. Wannan kuwa faɗinta ɗaruruwan kilomitoci ne, a kan teku take haɗuwa, tana yin kwanaki, tana tura ruwan teku ya hau tudu. Gidajen rediyo sun saba cewa "mahaukaciyar guguwa", kuma kunne ya karɓa. Amma shin kalmar "mahaukaciya" ta dace da kundin sani, wanda ake so ya yi magana ba da zuzutawa ba? Mun kwashe sa'a guda muna muhawara. Daga ƙarshe muka tsaya a kan "guguwar teku", muka ƙara jimla biyu na bayani, muka kuma ambaci sunan da rediyo ke kiranta da shi. Ni kaɗai da ban taɓa tsayawa a kan wannan kalma ba, saboda sabo ya rufe mini ido. Baƙon harshe ne ya gani.

Sai kuma "'yan gudun hijira". Haka na kira mutanen da suka bar gidajensu, kuma a Hausa babu laifi, don haka muke kiran waɗanda rikici ya kora daga ƙauyukansu zuwa sansanonin Maiduguri, duk da ba su tsallaka iyaka ba. Amma a Amurka kalmar Ingilishi mai wannan ma'ana ta jawo ce-ce-ku-ce a 2005. Shugabannin baƙar fata irin su Jesse Jackson sun ƙi ta, suna ganin tana mayar da 'yan ƙasa tamkar baƙi a ƙasarsu, musamman da yake yawancin waɗanda suka maƙale a birnin baƙar fata ne matalauta. Kafofin labarai da dama suka koma cewa "waɗanda aka kwashe". Mai fassarar da bai san wannan ba zai ɗauki ɓangare a rigimar da bai ma san ana yi ba. Akwai kuma hotuna biyu da suka yi suna a wancan mako, daga kamfanonin dillancin labarai daban-daban. A ɗaya an nuna wani saurayi baƙar fata cikin ruwa da kayan abinci, aka rubuta cewa wawaso ya yi. A ɗayan an nuna farar fata biyu a irin wannan hali, aka rubuta cewa samu suka yi. Ni kuma, ban ji ba ban gani ba, na rubuta "ɓarayi suka cika gari". Magana zarar bunu ce.

Gyara na uku shi ne na jita-jita da ɗora alhaki. Na kawo labarin kashe-kashe a filin wasa na Superdome, inda dubban mutane suka fake, kamar yadda aka yaɗa a lokacin cewa gawarwaki ɗaruruwa ne a ciki. Binciken da jaridar birnin, Times-Picayune, ta buga a ƙarshen Satumbar 2005 ya nuna gawa shida aka samu a can, kuma babu ɗaya daga cikinsu da aka kashe. Wahalar da aka sha a wurin gaskiya ce, amma an yi mata ƙari. Sannan na rubuta cewa "guguwar ta cinye birnin". Jimla ce mai daɗin ji, sai dai ta wanke waɗanda bai kamata a wanke ba. Rundunar injiniyoyin sojan Amurka ce ta tsara ganuwoyin, kuma a watan Yunin 2006 ita da kanta ta amince akwai kurakurai a tsarinsu. Wanda ya ce iska ce kaɗai ta yi ɓarna ya ɓoye rabin labari.

Na san wasu za su ce taron tsintsiya ne babu shara: idan kowa zai sa hannu, wanda bai sani ba ma zai ɓata aikin masani. Wannan magana tana da ƙanshin gaskiya. Lokacin guguwar Sandy a 2012, an ba da rahoton cewa mutumin da ya fi kowa yawan gyara a maƙalar Wikipedia ta Ingilishi ya yi ta cire duk wani ambaton sauyin yanayi, saboda shi bai yarda da shi ba. Ya fi sauran lokaci da naci, don haka ra'ayinsa ya yi rinjaye na wasu kwanaki. Amma ta yaya aka gane? An gane ne domin kowane gyara yana da tarihi a buɗe, ana ganin abin da aka cire da lokacin da aka cire shi, har wasu suka zo suka mayar da batun tare da madogara. Da littafin mutum ɗaya ne, da abin da ya cire ya ciru ke nan. Saboda haka ba yawan hannu ne ke gyara aiki ba, ƙa'idar da hannuwan suka amince da ita ce: kada ka rubuta abin da ba za ka iya nuna madogararsa ba, kada ka cusa ra'ayinka, kuma kada ka tantance aikin da kai ka yi. Rukuninmu hujja ne. Mutum huɗu suka karanta zubina suka ce madalla, don kunyata suke ji. Mutum ɗaya mai bin ƙa'ida ta fi su amfani.

Wasu kuma za su ce me ya haɗa mu da guguwar Amurka? Abin da ya haɗa mu shi ne mai karatun Hausa. Akwai Wikipedia ta Hausa, kuma ƙannenmu na sakandare suna shiga suna kwafa. Duk wanda ya leƙa zai ga maƙaloli masu kyau, zai kuma ga waɗanda aka zuba wa na'ura ta fassara aka liƙa ba a sake karantawa ba, jimla ta tafi babu kai babu gindi. Mai jin Ingilishi idan ya yi shakka zai nemi wani wurin. Wanda Hausa kaɗai yake karantawa sau da yawa abin da ya gani shi ke nan. Idan muka ba shi dubu goma a maimakon 1,392, ko muka ce masa ɓarayi alhali masu jin yunwa ne, amanarsa muka ci. Kuma wanda ya koyi tantance labarin New Orleans, shi ne gobe zai iya rubuta na ambaliyar Maiduguri ta Satumbar 2024 ba tare da ya cika shi da ji-ta-ji-ta ba.

Don haka ina da shawara uku. Ta farko, kada a buga wani rubutu a wannan mujalla tamu sai mutum biyu waɗanda ba su rubuta shi ba sun karanta, kuma ɗaya daga cikinsu ya kasance wanda koyon Hausa ya yi, don idonsa yana ganin abin da namu ya saba da shi. Ta biyu, masu sha'awar rubutu a Wikipedia ta Hausa a cikinmu su rage tseren yawan sababbin maƙaloli, kowa ya ɗauki tsohuwa guda a kowane zangon karatu ya bi ta jimla-jimla, ya duba alƙalumanta da kalmominta. Ta uku, mu koyi ladabin gyara ta ɓangare biyu. Mai gyara ya yi magana a kan jimla, ba a kan mai jimla ba, ya kuma kawo hujja. Wanda aka yi wa gyara ya amsa da hujja ko ya yi godiya.

Ni dai na yi kwana uku ina fushi da 'yar ajin nan tamu kafin in zauna in bi jan bironta ɗaya bayan ɗaya. A wuri biyu na nuna mata madogarata, ta janye ba gardama. A sauran wuraren ita ce da gaskiya. Maƙalar da muka miƙa ta fi zubina gajarta, ba ta kai shi armashi ba, amma kowace jimla a cikinta zan iya tsayawa gaban kowa in kare ta. Tun daga lokacin, duk abin da na rubuta sai na nemi wanda zai tambaye ni inda na samo shi. Wannan rubutun ma sai da ya bi ta hannunta, kuma wanda ya ga sauran kuskure a ciki, ƙofa a buɗe take.