Mahjub: Lauyan da Ya Ɗaga Tuta, Ya Kuma Bari Aka Kori 'Yan Majalisa

Kafin yaƙin da ya ɓarke a Afrilun 2023 ya watsa mu, duk wanda ya zauna gaban mai shayi a Suk al-Arabi ya san yadda dattawan Khartum ke ambaton Muhammad Ahmad Mahjub: da girmamawa, da ɗan alfahari. Mu ma Hausawan da muka tashi tsakanin Khartum da Omdurman haka muka gaji sunan. An haife shi a 1908, ya fara da aikin injiniya bayan Kwalejin Gordon, ya koma karatun shari'a, ya yi alƙalanci, sannan ya zama lauya. Mawaƙi ne kuma, mai kaifin harshe. Ranar 1 ga Janairun 1956, yana jagoran adawa, shi da Isma'il al-Azhari suka ɗaga tutar 'yancin Sudan. A 1967 kuwa, lokacin taron shugabannin Larabawa, a gidansa Jamal Abdul Nasir da Sarki Faisal suka sasanta kan yaƙin Yaman.

Duk wannan gaskiya ne. Sai dai akwai wata shekara da masu yabo ke tsallakewa, mu kuwa ba mu ga dalilin tsallake ta ba.

A Nuwamban 1965, yana firaminista, wani ɗalibi a Omdurman ya furta mummunar magana kan iyalan gidan Annabi (SAW). Gari ya ɗauki zafi, kuma fushin jama'a yana kan hanya. Babu Musulmin da zai ji wannan ransa bai ɓaci ba. Amma abin da ya biyo baya siyasa ce zalla. Aka jingina ɗalibin da jam'iyyar 'yan gurguzu, ita kuwa ta musanta, majalisa ta yi wa tsarin mulki kwaskwarima, ta haramta jam'iyyar, ta kori wakilanta da jama'a suka zaɓa. Laifin mutum guda aka ɗora wa mazaɓu. Mutumin da ya zauna kujerar alƙali ba ya buƙatar a gaya masa illar wannan, amma gwamnatinsa ce ke riƙe da ragama sa'ad da aka yi.

Tarihin Amurka na da abin kwatance. A 1856 wani ɗan majalisa, Preston Brooks, ya lakaɗa wa Sanata Charles Sumner, lauya mai yaƙi da bauta, dukan sanda a zauren dattawa, amma aka kasa tara ƙuri'un korarsa. Can mai duka ya tsira. Nan waɗanda ba su ɗaga wa kowa hannu ba aka nuna musu ƙofa.

A Disamban 1966 Babbar Kotu ta yanke cewa korar ta saɓa wa tsarin mulki. Lokacin Sadiƙ al-Mahdi ne kan mulki, kuma gwamnatinsa ta yi kunnen uwar shegu da hukuncin. Alƙalin alƙalai, Babikir Awadallah, ya ajiye aiki a 1967. Mahjub ya dawo mulki a shekarar, korarrun ba su koma kujerunsu ba. Ranar 25 ga Mayun 1969 Ja'afar Numairi ya hamɓare shi, kuma wanda sojoji suka naɗa firaminista shi ne Babikir ɗin nan.

Me ya shafe mu? Ba ƙaunar gurguzu ce ta sa muke tono ba. Mu al'umma ce da aka daɗe ana kira Fallata, ana tambayar ta shaidar kakanni kafin a ba ta takardar zama ɗan ƙasa. Wanda ba shi da rinjaye a majalisa, kotu ce katangarsa, kuma a shekarun nan ne masu farar hula, ba sojoji ba, suka fara nuna cewa ana iya tsallake ta.

Mahjub ya wallafa littafinsa da Ingilishi, Democracy on Trial, a 1974. Ya rasu a Khartum a 1976, Numairi na kan mulki.