Baby Peggy: Ta Samo Wa Gidansu Miliyoyi, Ta Girma Ba Ko Sisi

Wannan makon zan ɗan ajiye maganar kwastan da canjin sefa, mu leƙa Amurka ta shekara ɗari da suka wuce, zamanin da fim bai fara magana ba, sai dai a kalli motsi a karanta rubutu a allon majigi.

A 1918 aka haifi Peggy-Jean Montgomery a San Diyego, jihar Kalifoniya. Ba ta cika shekara 2 ba mahaifiyarta ta je da ita kallo kamfanin Century a Hollywood. Wani darakta ya lura yarinyar akwai jin magana, abin da aka ce ta yi shi take yi. Shi ke nan aka sa ta fim tare da wani kare mai suna Brownie, aka raɗa mata Baby Peggy. Daga 1921 zuwa 1924 ta yi gajerun finafinai wajen 150, sannan manya irin su Captain January. Aiki awa 8 a rana, kwana 6 a mako, yarinyar da ko karatu ba ta iya ba. A fim ɗin The Darling of New York cikin ɗaki mai ci da wuta ta gaske aka sa ta. An ba ta kwantiragin dala miliyan ɗaya da rabi, ana sayar da 'yartsana mai kamarta a kantuna.

To ina kuɗin? Nan ne gizo ke saƙa. Mahaifinta Jack, tsohon makiyayin shanu, shi ke karɓa. Aka sayi katafaren gida da motoci da dawakai, ba a ware mata ko kwabo ba. Wani dangi da aka damƙa wa amanar dukiyar ya yi awon gaba da ita. Uban kuma ya yi rigima da furodusa Sol Lesser kan kuɗi, kamfanoni suka rufe mata ƙofa tana 'yar shekara 6 zuwa 7. Aka koma yawo da ita gari-gari tana wasa a dandali, abin da aka sake tarawa ya bi ruwa a karyewar tattalin arziki ta 1929. Tana budurwa ta dawo Hollywood tana cikon taro a finafinan wasu kan 'yan daloli a rana.

Ni dai ban ɗauki Jack mugu ba. Talaka ne da arziki ya faɗo masa ta hannun 'yarsa, ya ɗauka nasa ne. Abin da ya sa na kawo labarin ke nan, don mu ma a Zongo da Birketiri yaranmu na tsaron shago, suna talla, yanzu har akwai masu samun kuɗi da bidiyon yara a TikTok. Koya wa yaro kasuwa gado ne, ban ƙi ba. Amma Alhaji, Hajiya, in yaron nan ya kai 20 ya ce ina rabonsa na shekarun da ya yi yana jiran kaya ana makaranta, me za a nuna masa?

Can Amurka sai da aka je kotu. Jackie Coogan, yaron da ya fito da Charlie Chaplin, ya maka uwarsa da mijinta a 1938 saboda sun cinye masa dukiya. A 1939 Kalifoniya ta yi dokar da ake kira da sunansa, wadda a yau ta wajabta a ajiye wa yaro kashi 15 cikin 100 na abin da ya samu. Dokar ba ta riski Peggy ba.

Daga baya ta sauya suna zuwa Diana Serra Cary, ta zama marubuciya, ta yi littattafai kan wahalar yaran fim, har da tarihin shi Coogan. Yawancin finafinanta sun ƙone a gobarar kamfanin Century ta 1926. Ta rasu a Fabrairun 2020 tana da shekara 101.