Mai gona ya rasu, magada na jayayya: wa ɗan haya zai biya?



Bayan sallar la'asar wata rana, mahaifin wani ɗalibina ya tare ni a ƙofar makaranta da wata tambaya da ta hana shi barci. Shekara 6 yana noman masara a wata gona da ya karɓa haya a kan hanyar Funtua zuwa Bakori. Mai gonar ya rasu da bazara, ba a kai ga raba gado ba. Da kaka ta yi, babban ɗan mamacin ya aiko a kawo masa kuɗin haya. Kwana 3 bayan nan sai ga wani ɗan kasuwa da takarda, ya ce marigayin ya sayar masa da gonar tun yana da rai. Kowannensu ya yi masa kashedin cewa in ya biya ɗayan, to, kada ya sake taka gonar.

Abokansa sun ba shi shawara iri biyu. Wasu suka ce ya biya wanda ya fi ƙarfi ya huta. Wasu kuma suka ce ya riƙe kuɗin ya juya su a kasuwar Dandume har rigima ta lafa. A ganina duka biyun kuskure ne, kuma na biyun ya fi haɗari domin ya fi daɗi.

Mu fara da fiƙihu. A mazhabar Imamu Malik, haya ba ta warwarewa don ɗaya daga cikin masu ƙulla ta ya mutu; haka Shafi'iyya da Hanbaliyya suka tafi a kai, Hanafiyya ne suka saɓa. Saboda haka ɗan hayar yana nan kan haƙƙinsa har wa'adi ya cika, kuɗin kuma bashi ne a wuyansa. Aya ta 58 cikin Suratun Nisa'i ta yi umarni da a mayar da amana ga masu ita. To, amma su wane ne masu ita a nan? Babban ɗa ba shi kaɗai ne magaji ba, akwai matan mamacin da 'yan mata, wataƙila har da marayu ƙanana. Takardar ɗan kasuwa kuwa sai an tabbatar da ita da shaidu. Manomi ba alƙali ba ne. In ya zaɓa ya yi kuskure, zai biya sau biyu, ko ya tashi da haƙƙin maraya.

Malamanmu ba su bar wannan giɓi ba. Littafin Tuhfatul Hukkam na Ibn Asim, alƙalin Garnaɗa da ya rasu a 1426, wanda alƙalan kotunan Shari'a na ƙasar Hausa suke dogaro da shi har yau, ya yi bayanin tsayar da abin da ake jayayya a kansa, wato tauƙifi, har a yanke hukunci. Dokar zamani ma tana da irin wannan ƙofa, wadda lauyoyi ke kira intafilida. Mai riƙe da kuɗin da mutum biyu ke da'awa yakan je kotu ya rantse cewa ba shi da rabo a ciki, bai haɗa baki da kowa ba, kuma a shirye yake ya ajiye su inda kotu ta ce. Daga nan sai a kira masu da'awar su fafata tsakaninsu, shi kuma ya koma gonarsa.

Sai dai akwai iyaka, kuma a nan ne nake so matasa su natsu. Sashe na 170 na Dokar Shaida ta Nijeriya ta 2011 ya hana ɗan haya, muddin yana cikin hayar, musanta cewa wanda ya ba shi wurin yana da haƙƙi a kansa a lokacin da aka ƙulla hayar. Indiya ta fi fayyace abin a dokarta ta shari'ar madaniyya ta 1908: ɗan haya ba zai ja mai gidansa kotu don ya kara da wani ba, sai in da'awar wancan ta biyo ta hannun mai gidan ne. Magaji da mai saye duk ta hannun marigayin suka biyo, don haka manominmu yana da hujja. Amma da a ce mai gonar yana raye, wani can ya fito ya ce ai tun asali gonar kakansa ce, to, ɗan haya ba shi da hurumin dakatar da biya. Ya ci gaba da biyan wanda ya ba shi, mai da'awa ya nemi mai gona a kotu. Na sha ganin 'yan haya a kasuwa suna fakewa da irin wannan jita-jita su yi shekara ba su biya kuɗin shago ba, suna kuma kiran hakan tsantseni!

Na san abin da za a ce: kotu akwai jeka-ka-dawo da kashe kuɗi, kuma a ƙauye wanda ya fara kai ƙara shi ake kallo da baƙin jini. Gaskiya ne. Ga shi rashin tsaro ya kori manoma da yawa daga dazukan Faskari da Sabuwa, gonar haya kusa da gari ta zama abin rububi, kowa yana tsoron a ƙwace tasa. Shi ya sa ban ce a fara da lauya ba.

Abin da na gaya wa mutumin nan shi ne ya ware kuɗin cif, kada ya taɓa ko sisi. Ya sanar da ɓangarorin biyu a rubuce, gaban mai unguwa da limami, cewa kuɗi na nan, su daidaita kan amintaccen da zai riƙe. In sun ƙi, ya je kotun Shari'ar da za ta raba gadon ya roƙi alƙali ya karɓa ya ba shi rasit. Ɗan kasuwan ya amince nan take. Babban ɗan ya yi fushi har ya daina amsa gaisuwarsa, amma ɗaya daga cikin matan marigayin ta aiko da godiya, domin sai a ranar ta san ana biyan kuɗin haya a gonar.