Gyara Kayanka: Batun Tsofaffin Motocin Iyali

Da wuya mutum ya bi wata babbar hanya a Arewacin ƙasar nan, ko ya tsaya a ƙofar makaranta lokacin tashin yara, ko ya halarci ɗaurin aure, bai ga motocin nan masu kujeru bakwai ko takwas ba, irin su Toyota Sienna da Volkswagen Sharan da Ford Galaxy da Honda Odyssey. Su ne suka gaji Fijo 504 mai dogon baya, wadda kamfanin PAN na Kaduna, da ya fara aiki a 1975, ya riƙa harhaɗawa a zamanin da ma'aikacin gwamnati ke iya karɓar rance ya sayi sabuwar mota fil. Dalilin karɓuwarsu a fili yake. Magidanci mai iyali da yawa zai kai yara makaranta da ita da safe, ya kai maras lafiya asibiti da dare, ya kwashi gida kaf zuwa ƙauye da Sallah, ya dawo da buhun hatsi a baya.

Sai dai kusan dukansu babu wadda ta shigo mana sabuwa. An fara ƙera Sienna a Jihar Kentucky ta Amurka a 1997, daga 2003 kuma aikin ya koma Jihar Indiana. Sharan da Galaxy na farko daga masana'anta ɗaya suka fito a ƙasar Fotugal tun 1995. Da yawa daga cikin waɗanda ke yawo a titunanmu ƙirar 2004 zuwa 2010 ne, wato sun haura shekara goma sha biyar, wasu ma ashirin. Ko an kira ta tokumbo, ko Beljiyam, ko 'yar Kwatano, ma'anar dai ɗaya ce: wani ya ci ƙuruciyarta a wata ƙasa, mu kuma muka karɓi tsufanta.

Abin da ya sa muka ga dacewar ɗaukar wannan batu shi ne yadda al'amura suka sauya. Daga ranar 1 ga Janairun 2017 Gwamnatin Tarayya ta hana shigo da motoci ta kan iyakokin tudu, abin da ya rage armashin kasuwar Kwatano. A 2022 Hukumar Kwastam ta fito da tsarin ƙiyasta kuɗin fito ta hanyar lambar shasin mota, wanda dillalai suka yi ta kuka da shi. A ranar 29 ga Mayun 2023 Shugaba Bola Tinubu ya sanar da janye tallafin mai, litar da ake saye ƙasa da Naira 200 ta koma kusan 500 ko fiye cikin 'yan kwanaki, kafin ƙarshen 2024 kuma ta haura Naira 1,000 a garuruwa da dama. A watan Yunin 2023 aka saki Naira ta nemi darajarta a kasuwa, Dalar da ake canzawa kimanin Naira 460 a hukumance ta wuce 1,500 a 2024. Tankin Sienna na cin lita 75 zuwa 79. Ke nan a ƙarshen 2024 cika shi sau ɗaya ya fi mafi ƙarancin albashi na Naira 70,000 da aka amince da shi a wannan shekarar.

Ma'anar wannan lissafi ga mai matsakaicin hali ita ce, motar da ke ƙofar gidansa a yau mai yiwuwa ita zai ci gaba da hawa na shekaru masu yawa, domin kuɗin da ya saye ta da su a da, yanzu ba su kama ƙafar wata irinta ba. A ra'ayinmu, wannan ya wajabta a sake duba ɗabi'ar da ta zame mana jiki, ta cewa mota ba ta ganin gareji sai ranar da ta tsaya. Irin wannan sakaci ya yi tsada ko a lokacin da abubuwa ke da sauƙi, balle yanzu da farashin kowane ƙarfe ke bin Dala.

A ɗauki misalin bel ɗin da ke daidaita bugun inji, wanda kanikawa ke kira taimin bel. Sienna ƙirar 2006 zuwa ƙasa da shi take aiki, daga 2007 ne aka koma sarƙa. Kamfanin ya tsara a sauya shi bayan tafiyar mil 90,000, kimanin kilomita 145,000. Ba ya ciwo a gani, ba ya gargaɗi. Rana ɗaya zai tsinke, ko a cikin gari ko a tsakiyar daji, kuma a wasu injina tsinkewar tasa kan lalata kan injin gaba ɗaya. Masu mota nawa ne suka san ranar da aka sauya nasu? Da yawa ma ba su lura cewa agogon motar da ta fito daga Amurka mil yake ƙirgawa ba, kowane mil ɗaya kuwa ya haura kilomita ɗaya da rabi. Wanda ya ga 200,000 ya ɗauka kilomita ne, motarsa ta riga ta ci sama da kilomita 320,000, wannan ma idan ba a taɓa agogon an mayar da shi baya ba.

Haka batun baƙin mai yake. A kan murfin zuba mai na yawancin waɗannan Sienna an rubuta 5W-30, amma abin da aka saba zubawa shi ne mai kauri 20W-50, bisa hujjar wai ƙasarmu da zafi, ko kuma na kwalba da ake sayarwa a bakin titi wanda ba a san asalinsa ba. Injin Sienna ta farko ya yi suna wajen tara dasƙararren mai idan aka jinkirta juye, har ta kai a 2002 kamfanin Toyota ya tsawaita lamunin gyara ga masu irin waɗannan motoci a Amurka. Idan haka ta faru a ƙasar da titunanta ke da kyau, me ake zato a inda ƙurar hunturu ke toshe matatar iska cikin 'yan makonni, mota kuma ta wuni a cunkoson Kano ko na Mararaba? Man giya ma kowace ƙira da nata. Zuba wanda bai dace ba na daga cikin abubuwan da ke kashe giya mai sarrafa kanta, gyaranta kuwa kan cinye albashin watanni.

Abin takaici, wasu ɓarnar da sunan gyara ake yin su. Mota na sauka, sai a cire ɗan ƙarfen da ke daidaita zafin inji, wai na ƙasashen sanyi ne, a haɗa fanka kai tsaye ta yi ta juyawa, a cika lagireto da ruwan rijiya maimakon ruwan sanyaya inji. Sakamakon shi ne injin ba ya kai zafin da aka tsara masa, kwamfutar motar ta riƙa ƙara masa fetur, tsatsa kuma ta ci lagireto daga ciki. Matatar hayaƙin da ke jikin salansa, wadda ake wa laƙabi da indomi, a fasa a cire, wani lokaci ma ba da sanin mai motar ba, saboda ƙarafa masu tsada da ke cikinta. Idan fitilar gargaɗi ta kama a gaban direba, a zare ƙwanta ko a liƙe ta. Alhali duk motar da aka sayar a Amurka tun daga 1996 tana da kafar da za a jona na'ura ta faɗi abin da ke damunta cikin 'yan mintoci.

Ba za mu ɗora wa kanikawa laifin duka ba. Ko shakka babu, basirarsu ce ta sa motocin da aka yafe a wasu ƙasashe ke ci gaba da hidima a nan. Amma da yawansu a kan Fijo da Bitil suka koyi sana'a, a zamanin da kunne da sifana sun wadatar, kuma babu wanda ya ɗauki nauyin ƙara musu ilimi da motoci suka koma aiki da kwamfuta. Su ma masu mota suna da nasu kason. Wanda bakanike ya kawo masa farashi biyu ya zaɓi na ƙasa, ya ce a lallaɓa tukuna, bai kamata ya yi mamaki ba idan ya dawo gareji bayan mako biyu. Hausawa dai sun ce sayen nagari mayar da kuɗi gida.

Duk abin da muka ambata asarar dukiya ce. Inda abin ya fi tayar da hankali shi ne taya da birki da lodi, domin nan rai ake magana. Kowace taya tana ɗauke da lambobi huɗu a gefenta, biyun farko makon da aka yi ta, biyun ƙarshe shekarar. Taya mai 2319, alal misali, an yi ta ne a mako na 23 na 2019. Hukumar Kiyaye Haɗurra ta Ƙasa, wadda aka kafa a 1988, ta daɗe tana gargaɗin cewa taya na tashi aiki bayan shekara huɗu da yin ta. Tsofaffin tayoyi suna cikin jerin kayan da aka hana shigowa da su, amma ga su nan jibge a kasuwanni, kuma su mai ƙaramin ƙarfi ke saye. A ɗora irin wannan taya a motar da aka tsara wa mutum bakwai, a cusa goma sha biyu, a tula kaya a baya da bisa, a hau kwalta mai zafi a watan Afrilu ana gudu, babu wanda ya ɗaura bel, ƙananan yara a kan cinya. Ranar da tayar ta fashe, uba da uwa da 'ya'ya duk suna cikin ƙarfe ɗaya. Mun sha jin labarin gidan da aka rufe a rana guda ta wannan hanya. Mukan ce tsautsayi ba ya wuce ranarsa, haka ne, amma wannan ba hujja ba ce ga wanda ya ga zare ya fito a tayarsa ya ce a tafi a haka.

Ga masu shirin saye kuwa, fenti mai ƙyalli ba shaida ba ne. Kowace mota tana da lambar shasi mai haruffa da alƙaluma 17, kuma idan daga Amurka ta fito, ana iya bincika tarihinta da wannan lamba ta intanet. Da yawan motocin da ake kawowa daga gwanjon kamfanonin inshora aka sayo su, bayan sun yi haɗari ko ruwa ya cinye su. Guguwar Katrina ta 2005 da ta Harvey ta 2017 kowacce ta nutsar da dubban ɗaruruwan motoci, motar da ta sha ruwa kuwa wayoyinta ba sa daina ba da matsala. Wadda ta fito daga jihohin da ake zuba gishiri a titi don narkar da ƙanƙara, a leƙa ƙarƙashinta a duba tsatsa. A tabbatar da takardun Kwastam. Idan kuma ta hannu ce ta cikin gida, a bincika ko ta yi haya tsakanin garuruwa, domin Sienna da Sharan yanzu su ne dokin tasha.

Shawararmu ga magidanta ita ce su ɗauki kuɗin gyaran mota kamar kuɗin makarantar yara, a ware wani abu kowane wata ko da ta hanyar adashi ne. A ajiye ɗan littafi a cikin motar, a riƙa rubuta ranar juye da abin da agogo ya nuna da duk abin da aka sauya. A tsaya ga bakanike ɗaya amintacce mai na'urar bincike. A yanki inshora ta gaskiya, wadda mafi ƙarancinta ga motar gida ya tashi daga Naira 5,000 zuwa 15,000 a Janairun 2023. Mai son mayar da motarsa ta koma aiki da iskar gas ya je cibiyar da hukuma ta amince da ita, domin fashewar da ta auku a wani gidan gas a Benin a Oktoban 2024 tukunyar da aka haɗa ba bisa ƙa'ida ba ce ta jawo ta. Idan kuwa ta kai ana sauke inji yau, giya gobe, ƙarƙashi ya ruɓe, to hikima ita ce a rabu da ita tun tana da sauran daraja.

Hukumomi ma suna da aiki a gabansu. Mai mota ba shi da ɗakin gwaji da zai bambance baƙin mai na gaske da na jabu, wannan nauyi ne na Hukumar Kula da Ingancin Kayayyaki, SON. Ba mu manta da gurɓataccen fetur ɗin da aka shigo da shi a farkon 2022 ba, wanda ya lalata injinan bayin Allah da dama. Ya kamata Hukumar Bunƙasa Ƙera Motoci ta Ƙasa da gwamnatocin jihohi su haɗa hannu da ƙungiyoyin kanikawa da na 'yan kasuwar kayan gyara a Ƙofar Ruwa ta Kano da Panteka ta Kaduna da Apo ta Abuja da Ladipo ta Legas, a horar da matasa aiki da na'ura, a kuma fitar da baragurbi masu sayar da jabu. Takardar shaidar lafiyar mota ta zama ana ba da ita ne bayan an duba birki da taya da fitilu da gaske, maimakon a miƙa kuɗi ta taga a karɓi takarda motar tana gida. Sannan a gyara hanyoyi, domin rami ɗaya kan rusa abin da mai mota ya yi wata uku yana tarawa.

Da tsohuwar zuma ake magani, in ji masu iya magana, kuma waɗannan motoci sun nuna suna da ƙarko idan aka ba su haƙƙinsu. Har zuwa ranar da ma'aikaci zai sake iya sayen sabuwar mota da albashinsa, su ne abin da ke hannu, kuma a cikinsu ake zuba mata da yara kowace safiya. Gyara kayanka dai bai taɓa zama sauke mu raba ba. Allah Ya kiyaye hanya.