Wa Zai Ɗauki Muryar Matan Bagudo?

A lokacin zaɓen majalisar dokokin Masar na 1995, wata mai shirya fim, Atiyyat al-Abnudi, ta saɓi na'urarta ta bi matan da suka tsaya takara birni da ƙauye. Ba ta nemi 'yan wasa ba, ba ta rubuta wa kowa abin da zai faɗa ba. Akasarin matan nan sun sha kaye, amma fim ɗinta, watau "Kwanakin Dimokuraɗiyya", wanda ya fito a 1996, ya adana abin da takardar sakamakon zaɓe ba ta adanawa: fuskokinsu, da hujjojinsu, da irin wahalar da suka sha.

Mun kawo zancen nan ne saboda Bagudo. Duk wanda ya san Tsamiya ko Lolo ya san matanmu na tsallaka iyaka su ci kasuwa a Jamhuriyar Benin su komo. To, a zaɓen Janairun 2023, ƙasar nan ta Benin ta keɓe wa mata kujeru 24 daga cikin 109 na majalisarta. Mu kuwa majalisar dattawanmu, ita ma mai kujeru 109, mata huɗu kacal zaɓen 2023 ya kai mata, ɗaya ma sai da kotu ta sa baki. A watan Maris na 2022 majalisun tarayya sun yi fatali da ƙudurin ƙara wa mata kujeru. Ga shi sai a 1976 macen Arewa ta sami ikon jefa ƙuri'a, bayan su Hajiya Gambo Sawaba sun sha ɗauri a kansa.

Me mai turara shinkafa a Illo take cewa game da wannan? Idan mace ta nemi kansila a Ka'oje, wa ke tare mata hanya: jam'iyya, ko kuɗin fom, ko dangin miji? A taron ƙara wa juna ilmi kowa yana da amsa, alhali kuwa da wuya ka sami wanda ya tambaye su.

Kada wani ya ce aikin Larabawa ne. Aisha Macky 'yar Damagaram ce, kuma fim ɗinta na 2016 a kan matan da ba su sami haihuwa ba ya fito da maganar da ake yi a ƙuryar ɗaki. Kakanninmu ma da majigi aka koya musu noman auduga. Sai dai a wancan zamani hukuma ke magana, talaka na kallo.

Saboda haka muna kira ga Ƙungiyar Ɗalibai da ta rage kuɗin shagalin ƙarshen shekara, ta tura ɗalibai mata 'yan yankin gida a hutu mai zuwa. Wayar hannu ta isa. A nemi izinin kowace mace kafin a ɗauke ta, a bar ta ta yi magana da Hausa ko Dandanci ko Fulatanci, yadda ta ga dama. In an gama, a fara haska shi a Bagudo, gaban waɗanda suka yi maganar, kafin a kawo shi zauren jami'a.