Dare Mahutar Bawa, Ban Da Mai Waya

Hausawa sun ce dare mahutar bawa, amma tun da wayar salula ta shigo Nijeriya a 2001 wannan magana take ta zama tatsuniya a gidan ɗan albashi.

Wata Laraba, ƙarfe goma sha ɗaya saura na dare, na zauna zan ƙarasa babi na bakwai na littafin da na shekara biyu ina fama da shi, sai ga saƙon shugaban makarantarmu ta WhatsApp, wai a kawo makin jarrabawar 'yan aji biyu gobe da safe. Umarnin nan kuwa kwanansa bakwai a kan teburinsa, bai tuna ba sai da ya kishingiɗa. Na ture littafi na ɗauko jan biro. Washegari na shiga aji ina hamma, yara sittin suka tashi ba su ƙaru da komai ba.

Wani zai ce ai saƙo ne kawai, ka ƙyale shi mana. Wa zai ƙyale, alhali wayar ta nuna masa ka karanta, kuma shi ne mai sa hannu a takardar ƙarin girmanka? Wannan ba roƙo ba ne, umarni ne da ya biyo ka har ɗakin kwana.

Wasu ƙasashe sun gane. Faransa ta fara aiki da dokar 'yancin kashe waya bayan tashi daga aiki a 2017. Fotugal ta hana masu ɗaukar ma'aikata tuntuɓarsu a lokacin hutu a 2021, Ostireliya ta ba ma'aikaci ikon ƙin amsawa a 2024. Mu kuwa a nan har yabon mutum ake yi da cewa "ko ƙarfe nawa ka neme shi yana nan", kamar maigadi.

'Yan'uwana marubuta, abin ya fi shafarmu. Abubakar Imam da Abubakar Tafawa Ɓalewa malaman makaranta ne sa'ad da suka shiga gasar 1933 wadda ta haifar da Ruwan Bagaja da Shaihu Umar. Yawancinmu ma haka muke, ba mu da lokacin rubutu sai wanda aiki ya rage mana. In an ƙwace wannan, da me za a rubuta?

Ni dai na faɗa a taron malamai, a gaban kowa: daga sallar Isha'i wayata ba ta ofis ba ce. In gobara ce ko yaro ya ɓata, a aiko ɗan aike, ya san ƙofar gidana. Shugaba bai ji daɗi ba, malamai uku sun bi ni, kuma babi na bakwai ya ƙare.